Rasuwar Ɗan Abijan, Ƙwallon Hadarin Tamaske

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, wadda kuma ta rasa wanda za ta ɗora wa laifi, Madam Maimunatu, tsohuwar malamar lakkwal, wato makarantar boko, a garin Tamaske, tana sanar da 'yan uwa da abokan arziki, na nan Adar da na bakin teku, rasuwar Ɗan Abijan, ƙwallon ƙungiyar Hadarin Tamaske. Ya cika ranar Lahadi bayan la'asar, a jikin shingen ƙaya na gabashin gonarta, bayan doguwar jinya.

Marigayin baƙo ne. Ɗan Madam, Sadiƙ, ya yi shekaru yana tafiya biɗa, wato ci-rani, Abijan yana dawowa da damina. Wata shekara sai ya aiko ƙwallon a buhun wani mai dawowa gida, tare da turmin atamfa da saƙon cewa yana nan tafe. Atamfar ta tsufa ta koɗe. Sadiƙ bai zo ba, daga baya muryarsa ma ta daina zuwa ta waya. Cikin duk waɗanda suka taso daga Abijan suka sauka Tamaske, Ɗan Abijan kaɗai ne bai sake komawa ba, kuma wannan halin nasa ne ya sa Madam ta riƙe shi da daraja.

An shaide shi da haƙuri. Bai taɓa zaɓen ƙafa ba: mai takalmi ya doke shi, mai silifa ya doke shi, mai faso a dunduniya ya doke shi, duk amsa ɗaya yake ba su. A ƙuruciyarsa muryarsa cikakkiya ce, dum, dum, ana jin ta har bakin kasuwa. Mata masu daka sun ce takan rikita musu lugude.

A sanadinsa aka kafa ƙungiyar. Dattawan gari suka zauna suka yanke cewa samari suna gudu ne don ba su da abin ɗebe kewa. A ba su wasa, za su zauna. Madam ta daɗe da alli a hannu kafin ta ajiye shi, ta kuma ga yadda aji yake yashewa kowace shekara da zarar hatsi ya ja baya. Ta ce musu ba kewa ke korar yaran ba, su je su leƙa rumbunan iyayensu. Aka yi mata godiya irin wadda ake yi wa tsohuwa don ta yi shiru.

Duk da haka ita ce ta ba da fili. Tana da jika, Saifullahi ɗan Sadiƙ, shi kaɗai ne namijin da ya rage a gidan, dogo mai faffaɗan tafin hannu, kuma shi aka zaɓa mai tsaron gida. Babu shimfiɗaɗɗen wuri kusa da gari sai gonarta. Al'adar gonar kuwa, da an gama girbi makiyaya sukan sauka da shanunsu su ci kara su bar mata taki. Madam ta aika musu cewa bana su yi haƙuri. Ta san abin da gona take zama idan shanu ba su kwana cikinta ba, ƙafafun samari kuma suna daɓe ta duk rani. Ta yi lissafin, ta ga amsar, ta rufe ido ta ba da gonar. Ko da maganar dattawan ƙarya ce ga yaran gari duka, ta yi fatan ta zama gaskiya ga yaro ɗaya.

Alƙasim mai facin taya shi ya zama mai horarwa, shi ne kuma likitan marigayin har ƙarshe. Ya kai sunayen 'yan wasa aka shigar da Hadarin Tamaske rukuni na can ƙasa a gasar jiha. Lokacin kaka ne, gari cike da maza, har ana faɗa a kan mayo, rigar wasa. Mata suka ɗinke buhunan albasa suka yi raga. Wasan farko aka ci wata ƙungiya ta garin Buza. Aka je Madawa a bayan kamyo, babbar motar kaya, aka yi kunnen doki, Saifullahi ya tare bugun da har yau ake labarinsa, ya dawo ya ajiye Ɗan Abijan a cinyar kakarsa kamar wanda ya kawo amarya. Ranar Madam ta kusa yarda da dattawa.

Sai sanyi ya shigo, motoci suka fara lodi a tasha. Waɗanda suka tsara gasar sun jera yawancin wasanni a daidai watannin da Adar ba ta da kowa sai mata da yara da tsofaffi. Da damina maza duk suna gida, amma fili ya koma gero. Da rani fili yana nan fetal, amma maza suna Abijan da Legas da Libiya. Hadari ƙungiya ce mai 'yan wasa rabin shekara da fili rabin shekara, kuma rabin nan biyu ba su cika haɗuwa ba.

A nan Tamaske ta koyi sabuwar kalma, forfe, wato a ci ka ba tare da ka taɓa ƙwallo ba, don ba ka kawo mutum bakwai fili ba. Tsofaffin da ba su taɓa shiga lakkwal ba sun iya ta. Idan miya ta ƙare kafin tuwo, sai ka ji an ce an yi forfe.

Ciwon marigayin ya fara ne daga kututturen gero, wanda duk sharar da aka yi ba ta raba gonar da shi ba. Alƙasim ya yi masa faci, ya yi wa facin faci. Muryarsa ta sauka daga dum ta koma kwaf. Aka ce mutanen Buza ne suka yi masa asiri, aka jiƙa shi cikin ruwan sassaƙe ya kwana. Madam ta ce ita ba ta san asirin Buza ba, amma ta san abin da ruwa yake yi wa zare. Ba a yi mako ba ɗinkinsa ya fara buɗe baki. Tun daga nan sai an yi masa famfo kafin wasa, a sake yi da hutun rabin lokaci.

Shekara ta uku gonar ta ba da amsar da Madam ta gani tun farko. Geron ya tsaya iya gwiwa. Ba ita kaɗai ba, daminar ba ta yi wa kowa kirki ba, amma tata ta fi kowace jin jiki.

Ranar Lahadin, 'yan Sabon Gida suka iso cike da mota. An riga an yi wa Hadari gargaɗi cewa forfe ɗaya ya rage a cire ta daga gasar. Aka jeru a fili: mutum shida, har da Alƙasim mai ciwon baya. Na bakwai, Kalla, ya hau motar Agadas da safiyar nan, uwarsa ta share rumbu har ƙasa. Babu wanda ya zage shi. Madam ta tashi daga tabarmarta ta dogara sanda har tsakiyar fili. Alƙalin wasan tsohon ɗalibinta ne.

"Ni hwa?" ta ce masa. "Ni ba mutun ba ta? Ƙidaya da ni."

Ya sunkuyar da kai. "Madan, ke kinka koya mani lissahi. Shidda na."

Ya jira iya abin da doka ta ba shi, ya ƙara nasa na kunya, sannan ya busa. Saifullahi yana riƙe da Ɗan Abijan. Ya ajiye shi ƙasa ya ɗan taɓa shi da ƙafa, ba bugun fushi ba, irin na sallamar baƙo. Marigayin ya gangara a hankali har jikin shinge. Waɗanda suke kusa sun ji kalmarsa ta ƙarshe: fsss. Alƙasim ya duba shi, ya juya shi, ya ce babu sauran wurin da faci zai kama.

Saifullahi ne ya kawo gawar gida. Tsakaninsa da kakarsa akwai wasan jika, ita uwargida, shi maigida.

"Uwargida, ga shi. Ya huta."

"To, maigida. Kai kuma sakina za ka yi?"

"Wa zai saki tsohuwa irinki, wa zai kwasa?" Ya yi dariya, dariyar ba ta kai ko'ina ba. "Kaka, na leƙa rumbu. Ba ya kai mu bazara. In tahi in dawo da ruwan hwari."

Madam ta kayar da sufetoci da gardama a zamaninta. Amma yau maganarta ce ya maido mata. Ranar Alhamis ya hau motar Abijan. Ya ce zai tambayi labarin babansa.

Marigayin ya bar ragar buhun albasa guda biyu, da famfo mai tari, da mayo da yara suke kwana ciki saboda sanyi. Ya bar 'yan wasa a ƙasashe huɗu. Ya bar gona mai tauri kamar daɓen siminti, da tsohuwa ɗaya wadda ta yi gaskiya, gaskiyar kuma ba ta amfane ta da komai ba.

Game da jana'iza, iyalin suna ba jama'a haƙuri. Mata ba sa raka gawa, masu ɗaukarta kuma duk suna biɗa. Alƙasim ya ce shi kaɗai ba zai yi wa ɗan ƙungiya sutura ba, ko a nan ma sai an cika bakwai. Saboda haka an goge marigayin, an naɗe shi cikin ragowar atamfar da suka zo tare, an ajiye shi ƙarƙashin gadon Madam. Za a binne shi a gonar, daidai inda mai tsaron gida yake tsayawa, ranar da ruwan shuka ya sauka, kuma Saifullahi ne zai sa shi a rami.

Ana karɓar gaisuwa a ƙofar gida bayan la'asar. Makiyaya, idan wannan sanarwa ta same su, gonar tana jiran shanunsu. Masu bugo waya daga nesa ba sai sun yi ta'aziyya ba, su faɗi ranar zuwa kawai.

Idan ruwa ya sauka Saifullahi bai sauka ba, za a ɗage jana'izar zuwa wata daminar. Marigayin ba ya wari, Madam kuma ta saba jira.