Masarar Dangwale ta 'Yar Kaduna

Ba zan taɓa mantawa da ƙarar cokalin nan ba. Ba wata ƙara ba ce, ƙwas-ƙwas ne kawai a gefen kwanon samira, sai kuma na ji an mayar da murfi a hankali, irin na wanda ba ya so a gane bai ci ba. Ina tsakar gida ina tankaɗe, ban ɗaga kai ba, amma kunnena yana can ɗaki. Da na shiga kwashe kwanuka na tarar da tuwon dawar nan yadda na zuba shi, an ɗan yi masa rami a gefe. 'Yar Kaduna ba ta ci ba.

'Yar Kaduna ita ce 'yata ta fari. Ana yaye ta yayar maigidana, Yaya Hauwa, ta ɗauke ta ta tafi da ita Kaduna, don ita Allah bai ba ta haihuwa ba, ni kuwa a lokacin ko tari ban isa in yi ba, balle a ce na hana. A gidajenmu 'yar fari ba taki ba ce a idon mutane. Ba kya kiran sunanta, ba kya jan ta jikinki a gaban surukai, in ta faɗi a gabanki ki kau da kai ki jira wani ya ɗaga ta. Yaya Hauwa ta riƙe ta riƙon da ni kaina ban san ko zan iya ba, wannan ko a gaban Allah zan faɗa. Yarinyar ta tashi tana ce mata Mama, ni kuma Anti. Na haifi maza a bayanta, ina son abina, amma duk 'yar rigar mata da na gani a rataye a kasuwa sai na tsaya na auna ta da ido.

Shekarun nan ne da aka kawo Shari'a, kiɗa ya ja baya a gidajen biki, walima ta zama ita ce taro, mu matan aure muka cika Islamiyya. Allah ya nufe ni da saukar Alƙur'ani, maigida ya ce a gida za a yi walimar. Ta faɗo cikin dogon hutu, lokacin ɗanyar masara, shi ya sa Yaya Hauwa ta taho da yarinyar, tana 'yar shekara goma ko kusa da haka.

Na yi ta kewaye-kewaye kafin na iya tambayar Yaya, ina tsintar shinkafa kamar zancen bai dame ni ba, wai yaran birni me suke ci ne yanzu. Ta yi dariya, ta ce akwai wani abu da maƙwabciyarta ta koya mata. A yanko ƙwayar ɗanyar masara, a soya da man shanu da albasa da attaruhu, a haɗa da madara da cuku, a gasa har ya riƙa tafasa a gefe, sannan a ajiye shi a tsakiya da zafinsa kowa ya riƙa dangwala da biskit marar suga ko gasasshen burodi. Ta ce ranar da aka yi shi yarinyar har kwanon take suɗewa. Ta ƙara da cewa sirrinsa ɗumi ne, in ya huce ya tashi daga aiki.

To a nan matsalar take. Gidanmu gidan yawa ne, kuma Hajiya, uwar mijina, a bakin ɗakinta take wuni, babu tukunyar da za ta hau murhu ba ta san me ke ciki ba. In na ɗora 'yar ƙaramar tukunya na yi wa yarinyar ita kaɗai, kafin la'asar labari ya kai Sandamu wajen danginmu. Sai na yi dabara (ni a ganina dabara ce): zan yi wa taron walima gaba ɗaya. In kowa ya ci, ita ma ta ci, babu mai cewa don wa aka yi.

Ranar walima ana idar da sallar asuba na zauna da tulin masara. Na yi ta yanke ƙwayar daga jikin totuwa, ruwanta fari yana bin hannuna har gwiwar hannu. Rabi na bari sukutum, rabi na ɗan daddaka don ya yi kauri. Na narka man shanu, na zuba albasa har ta yi laushi, na saka attaruhu kaɗan saboda bakin 'yar birni, sannan masarar. Cukun kuwa na Nijar ne, busasshe, wanda Gwaggo Tabawa, ƙanwar Hajiya, ta kawo tsaraba daga garin Babban Mutum, can bakin iyaka. Na daka shi ya yi gari, na kwaɓa da kindirmo da madarar gwangwani. Ba ni da abin gashi na lantarki irin na Yaya, sai na yi yadda aka koya mana gasa kek a sakandare: yashi a gindin babbar tukunya, tasa a kai, garwashi a bisa murfi. Kuma wallahi ya yi. Samansa ya yi ja-ja, gefensa yana ɓul-ɓul, ƙamshin har zaure. Na tsaya a kansa ina murmushi ni kaɗai, ina hango bakin da zai ci.

Na auna abina daidai da lokacin da Malama za ta gama wa'azi. Abin da ban auna ba shi ne Malamarmu in ta kama zancen haƙƙin miji ba ta san hanyar fita ba. Ina zaune a gaban mutane cikin farin hijabina na sauka, ana ta yi min addu'a, ni kuwa zuciyata tana madafi tana taɓa gefen tasa. Da aka ce in karanta abin da ya sawwaƙa, na karanta, amma Allah ya yafe min, tsakanin aya da aya garwashi nake tunani. Ana shafa addu'a na nemi 'yar Kaduna da ido, ban gan ta ba. Ashe yaran unguwa sun ja ta zuwa ganin rijiyar Kusugu.

Na ɗauko tasar da sauran ɗuminta, na jera biskit kewaye da ita a babban tire, na kai ɗakin Hajiya inda manya suke, na dire a tsakiya. Sai a lokacin na tuna abin da tun ina yarinya na sani: matanmu ba sa cin abinci a taro. Rabin ɗakin surukan ɗaya rabin ne. Wa za ta buɗe baki tana tauna a gaban uwar mijin 'yarta? Kowa da ledarta a jaka take zuwa, a zuba mata ta kai gida. Kafin in gyara tsugunno biskit ya fara bin jakunkuna.

Hajiya ta leƙa tasar ta daɗe, sannan ta tambaye ni a hankali ko miya ce, in kuwa miya ce ina tuwon. Na ce ba miya ba ce. Gwaggo Tabawa ta ce to fate ne. Na ce ba fate ba ne, dangwala ake yi.

"Dangwala," in ji Gwaggo. "Mu da muka taso tun daga bakin iyaka, dangwala za mu yi mu koma? Ko wani aka yaye a gidan ba a gaya mana ba?"

Aka yi dariya. Maimakon in bi su mu yi dariyar in tashi, sai na ce bari in nuna musu. Ni da ban taɓa shan ko ruwa a gaban Hajiya ba, na ɗauki biskit na luma a ciki. Abin ya riga ya fara daskarewa, biskit ya karye, rabi ya tsaya a tsaye cikin tasa, rabin da na ɗago ya sako lodinsa a ƙirjin farin hijabina. Ina gogewa yana ƙara faɗi. Yaya Hauwa, baiwar Allah, ta so ta cece ni, ta ce a'a abu ne mai daɗi, ai shi ne abincin da 'yarta ta fi so a duniya. Na ga Hajiya ta ɗago ta dube ni, ta sake duban girman tasar.

Gwaggo dai ta ce tunda na rabo ne a raba, ta sa aka miƙo mata ludayi. Ta shiga zuba wa mata a leda, ludayi bibbiyu, kamar mai sayar da koko. Ina tsugune ina kallon tasar tana yin ƙasa. Masarar da na yanka tun asuba tana tafiya gidajen da za a buɗe ta a sanyaye a rasa me za a yi da ita, wadda aka yi domin ta kuwa ko ƙamshin ba ta ji ba. Gindin tasa ya fara bayyana. Gwaggo ta karkata ta za ta kwashe na ƙarshe, sai na ji wata murya ta cika ɗakin, kuma muryata ce.

"Gwaggo, a bar wa Rukayya."

Sau ɗaya ke nan na rubuta sunan, ko yanzu ma sai da hannuna ya yi nauyi. Hajiya ta ja mayafi ta rufe baki. Gwaggo ta ajiye ludayin a hankali, ta juya wajen yayarta ta ce, "To Hajiya, ashe mu 'yan rakiya ne. Mai walimar tana waje."

Malama ma ta so ta taimaka. Ta ce ai babu laifi a addini uwa ta kira sunan ɗanta, ta nuna masa ƙauna, al'ada ce kawai. Gaskiya ta faɗa, ta sha faɗa mana a aji. Amma sai ta mayar da shi wa'azi na biyu, ni ce misalin, ga ni tsugune da tambarin masara a ƙirji. Ana cikin haka yarinyar ta ɗaga labule, ƙafafunta duk ƙura, ta ce tun daga zaure ta ji an kira ta. Ta bi fuskokin ɗakin ɗaya bayan ɗaya tana neman mai kiran, ta tsallake tawa. Na miƙe na bi ta gefenta na shige madafi.

Yanzu ta girma, tana can Kadunarta da nata iyalin, sai an daɗe nake ganin ta. Gwaggo Tabawa kuwa har ta koma ga Allah ba ta daina tambayata ko akwai sauran na dangwale ba. Abin da na koya shi ne, in za ki ɓoye son 'yarki, kada ki ɓoye shi a tasar da sai an kama miki kafin ki sauke. Da ƙaramar tukunyar na ɗora tun farko, Hajiya kaɗai ce za ta gani, kuma ina jin da ta kau da kai.

Ranar walimar dai, a madafin nan ina zaune ina kankare hijabi sai ga yarinyar da tasar a hannu, ta ce Mama ce ta ce ta kawo in ɗumama mata. Abin da ya rage bai fi cikin tafi ba. Na juye a ƙaramin kasko na ɗora a sauran garwashin, man ya tashi sama, bai koma yadda yake da safe ba. Biskit babu ko ɗaya, sai guntun burodin karin kumallon yara na gasa mata. Ta zauna a kujera 'yar tsugunno, gwiwarta tana taɓa tawa, ta shiga dangwala. Ni kuma na juya ina gyara itacen da ba ya bukatar gyara, ina jin taunarta a bayana. Can ta tsaya.

"Anti," ta ce, bakinta cike da masara. "Ashe kin san sunana. Ni na ɗauka mantawa kika yi."