Guɗar da Ta Riga Alƙali

Ba zan taɓa mantawa da ranar da aka ba da belin mijin yayata ba, domin a ranar ni ce na fi kowa murna, kuma ni ce na fi kowa ɓarna.

Yaya Nura, mijin yayar tawa Anti Binta, ma'aikaci ne a wata ma'aikata. An kama shi tare da wasu mutum biyu bisa zargin sun haɗa baki sun karkatar da wata kwangila. Ya yi makonni a tsare, gidansu na Nassarawa ya zama kamar gidan makoki. Anti Binta ta rame, yara sun daina wasa a tsakar gida. Ranar da za a saurari batun beli na ce lallai da ni za a je (ba wanda ya gayyace ni, ni na gayyaci kaina).

Na makara wajen ɗaura ɗankwali, don haka a bencin baya na samu wuri, kusa da ƙofa. Turanci ake ta zubawa irin na lauyoyi, wanda ko a makaranta ban ci karo da shi ba. Kalma ɗaya nake jira, wato beli. Da mai shari'a ya faɗe ta, na ga lauyanmu ya sunkuyar da kai yana murmushi, sai kawai na ji guɗa ta cika kotun. Na waiga in ga wace mara kunya ce, ashe daga bakina take fita.

Mai shari'a ya dube ni ta saman tabarau, ya yi wata 'yar magana, wani ɗan sanda ya raka ni waje cikin ladabi. Ko a jikina. Gani nake an kori jaruma. Maimakon in tsaya a ƙofa in jira su, sai na tari a-daidaita-sahu na ce Nassarawa, a guje.

A hanya na tura saƙon murya a zauren dangi cewa an sake shi, kowa ya taho gida. Ina isa na sa aka yanka ragon da Anti Binta take kiwo don sallah. Na kira mata daga Hotoro suka ɗora tukwane. Na aika mota Tudun Wada ta ɗauko mahaifiyarsa, Hajiya Umma, wadda ta zo da sabon leshi da kwalli a ido tana ta hamdala. Wayata kuwa na jona ta da sifika aka saki waƙa. Anti Binta ta yi ta kira, duk lokacin da kiran ya katse waƙar sai in kashe shi in ce ai murna za ta yi mini, ta bari sai ta zo.

Ku sani layin nan shiru ne da shi, ko hon ba a cika ji ba. A ranar har masu gadin maƙwabta sun leƙo.

Bayan la'asar motar su Anti Binta ta shigo. Na ɗauki kaskon turaren wuta, mata na biye da ni, yaran gida na tsalle, wata 'yar ƙanwarmu tana ɗauka da waya. Na rangaɗa guɗa ta biyu, na fizge ƙofar baya, na cusa kaskon ciki ina cewa barka da dawowa, maƙiya sun ji kunya.

Wani dattijo ne a zaune, farin gemu, hula zanna, yana tari saboda hayaƙi. Ban taɓa ganinsa ba. A gefensa lauyanmu ne, ya dafe goshi.

Dattijon ya dube ni, ya dubi matan, ya ce, "Barista, ba ka ce mini gidan ba kowa ba?"

Sai a lokacin Anti Binta ta fito daga gaba, ta ja ni gefe, ta yi mini bayanin abin da ya wuce ni bayan an fitar da ni. Beli dai an bayar, amma da sharuɗɗa. Sai ya ajiye fasfo ɗinsa a kotu, sai kuma mutum biyu sun tsaya masa, ɗaya ya kasance darakta mai gidan kansa a cikin Nassarawa. Kafin a cika su, an mayar da shi inda yake. Wannan dattijon da na turara shi ne daraktan. Da ƙyar suka lallaso shi ya zo a yi magana cikin sirri, don ba ya son sunansa ya fita ko kaɗan.

Ina cikin neman inda zan ajiye kaskon sai ga Hajiya Umma ta tako a hankali, ta leƙa motar, ta juyo gare ni.

"'Yar nan, ina Nuran?"

Na ɓoye kaskon a bayana. Waƙa kuwa tana ta tashi, domin ba wanda ya san yadda ake cire makullin wayata.

Daraktan bai sauko ba. Ya ce a mayar da shi gida, zai yi shawara. Shawarar ta ɗauki sama da mako guda, sai da Hajiya Umma ta je da kanta, aka kuma rantse masa an goge hoton da ƙanwarmu ta ɗauka, kuma ba zan ƙara kusantar maganar ba. Lauyan ya ƙara da cewa mutumin da ake zargi da cin kwangila, ba ya buƙatar labarin an yi shagali a gidansa. Na ce na ji.

Washegarin shagalin kuwa Anti Binta ta ce tunda ni na yanka ragon, ni zan kai masa naman. Na je gidan gyaran hali da kula a hannu, ina shirya kalmomin ban haƙuri. Yaya Nura ya fito ya rame, amma yana ganina ya fara dariya.

"Ƙanwata, na ji an sake ni jiya. Ya aka yi ba a gaya mini ba?"

Ya ci naman sosai, ya ce gishiri ya ɗan yi yawa.

Shari'ar tana nan ana yi, shi kuma yana gida. Ni dai abin da na koya shi ne, idan babba yana magana a bari ya kai aya. Yanzu ko albishir aka yi mini, sai na tambaya ko akwai "amma" a gaba kafin in motsa harshe.