Ranar Da Sojan Tela Ya Manta Kansa

"Lafiya lau, Kaka, gajiya ta bi lafiya. Ina mara lafiyar? An ce in rufe shago in taho yanzu-yanzu."

"Ka ga mijin ƙwarai! Tun hantsi na aika, sai da rana ta take tsaka ka shigo kana haki kamar wanda ya yi abin kirki. Da ni ce a kwance da tuni an gama komai."

"Ke? Ai ke mutuwa ma sai ta yi sallama, ta tsaya a bakin ƙofa tana jiran izini."

"Ta fi ka ladabi ke nan. Cire min wannan takalmin."

Takwara ya cire, ya ajiye jakar kayan aikinsa. Shi ne babban jikanta, mai gyaran waya da na'urorin gem, kuma sunan marigayi mijinta ya ci, shi ya sa bakinta bai taɓa kama sunansa na yanka ba. Ya duba gado, ba kowa. Ya duba kujera, ba kowa. Kaka ta nuna masa kan keken ɗinki da baki. Can ga ƙaramin matashin kai an lulluɓe da hankici. Da ya yaye sai ga ɗan mutum-mutumin roba, tsawonsa bai wuce ɗan yatsa ba: soja riƙe da garkuwa, fentin hancinsa duk ya goge.

"Kaka! Don 'yar tsana kika sa na kori mutum huɗu daga shago?"

"'Yar tsana tana gidanku. Gaishe shi, ya girme ka a hankali."

Wanda bai san gidan ba zai ce tsufa ne ya fara taɓa ta, kuma zai yi kuskure, don Kaka ta fi mutum goma wayo. Lokacin da ƙafafun mijinta Tela suka daina taka keke, zaman ɗaki ya nemi ya kashe shi kafin ciwon. Takwara ne ya kawo masa na'urar gem da wannan ɗan sojan. A ƙarƙashin ƙafafun sojan akwai 'yar ƙwaƙwalwa da ba ta kai ƙumba ba. In aka ɗora shi a kan hannun gem, wato abin da ake riƙewa ana dannawa, sai ya bayyana a talabijin, ya yi faɗa da kansa ba mai tuƙa shi, kuma yana ɗaukar salon duk wanda ya daɗe yana karawa da shi. Shekara biyu Tela yana karawa da shi. Bayan rasuwarsa Kaka ta ɗauki hannun gem ɗin don kawai ɗakin ya yi mata shiru da yawa, sai ta ga abin da ya sa ta zauna daɓas. Sojan ba ya kai hari. Sai ya ɓuya a bayan garkuwa, ya ja da baya, ya bar ka ka yi ta duka har ka gaji, sa'an nan ya sare ka sau ɗaya tak. Haka Tela ya yi faɗa da ita shekara arba'in da bakwai: ta yi ta zuba yana ɗinki, sai ta tsaya shan iska ya jefo kalma guda. Tun daga ranar kullum da la'asar sai ta zauna sun kara.

Yau kwana uku ke nan in ta ɗora shi ba ya fitowa, sai wani jan rubutu da ba ta iya karantawa.

Takwara ya kunna, ya ɗora, ya karanta, ya yi tsaki.

"Bayanan da ke kansa sun dagule. Me kika yi masa?"

"Ni? Kayanka ne na banza. Da ma mutumin da ko agogon bango bai iya saitawa ba, wane abin kirki zai saya?"

"Shekara uku yana aiki lafiya ƙalau."

"To ƙadangare ne ya bi ta kansa."

"Ƙadangaren ya iya riƙe hannun gem?"

"Ƙadangarun yanzu me suka bari? Ba ga ka nan ba?"

"Kaka, ruwa ba ya tsami banza. Wannan ciwon hanyarsa ɗaya ce. In an gama wasa na'urar takan rubuta masa abin da ya koya, kuma ta ce kada a ɗaga shi sai ta gama. Wani ya fizge shi ana tsakiyar rubutu. Ku nawa ne a ɗakin nan?"

Kaka ta gyara ɗaurin ɗankwalinta, wanda ba abin da ya same shi.

"Sau biyar," ta ce.

"Sau biyar me?"

"Sau biyar a jere ya kayar da ni! Na ƙarshen ma saura ƙiris in gama da shi, ya laɓe a bayan wannan murfin tukunyar tasa, ya bari na matso. To ni ma zuciya gare ni. Na fizge shi na jefa a durowa na ce ya kwana can."

Takwara ya yi dariya har da riƙe ciki.

"Wato ko a can ba ki bar bawan Allah ya huta ba! Ki kore shi daga ɗaki yana da rai, ki kore shi yana roba."

"Ban taɓa korarsa ba. Shi yake fita da ƙafarsa, ya zagaya, ya dawo da tsaraba. Kai da ka gaje shi me ka taɓa kawo min in ban da wari irin na dalma?"

"Sakin ki zan yi in huta."

"Sai ka fara aurena da gaske tukuna. Duba min shi, don Allah."

A kan wannan "don Allah" muryarta ta ɗan karye, Takwara ya ji, ya daina dariya. Ya jawo kujera kusa da talabijin ya nuna mata akwatuna biyu da ke ƙasan jan rubutun.

"Wannan na hagu gogewa ne. In aka danna, zai warke sarai, amma zai dawo kamar ranar da aka ciro shi daga kwali. Bai san Tela ba, bai san ki ba."

"Allah ya kiyaye. Janye wannan yatsan naka daga wajen."

"Na dama kuma maidowa ne. Na'urar takan ajiye kwafi a cikinta. In kwafin yana da lafiya, za ta zuba masa shi a ka. Allah ya so ba ki danna ko ɗaya ba."

"Ni mahaukaciya ce? Takardar da ban karanta ba ba na dangwala mata hannu."

"To zan riƙe shi a kan hannun gem, kada ya motsa ko kaɗan har ta gama."

"Ba ni nan. Ni na ɓata, ni zan riƙe."

"Da wannan hannun mai rawar ɗari?"

"Da shi na yi maka wanka kana tsala ihu kamar ɗan akuya."

Ta riƙe. Takwara ya ɗora hannunsa a kan nata, ya danna. Wani ɗan layi ya fara cika a talabijin. Kaka ba ta san lissafinsa ba, amma ta san cikar abu in ta gani, kamar ruwa ne a bokiti. Ya kai kwata. Ya kai rabi. Ya tsaya a nan ya yi ta tsayuwa, sai jan rubutun ya dawo.

"Me ya ce?"

Takwara ya sosa ƙeya. "Sau nawa kika ɗora shi a kwana ukun nan?"

"Na ƙirga ne? Da safe, da rana, duk sanda na wuce."

"Yawan ɗorawar nan ya sa kwafin ma ya taɓu. Na hagun kaɗai ya rage."

Kaka ta zare hannunta. Ta ɗauki sojan ta goge masa fuska da bakin mayafi, ta mai da shi kan matashin. Ba ta yi kuka ba, don ba ta kuka a gaban jikoki, amma kewar Tela ta taso mata sabuwa fil kamar ranar da aka fita da shi. Rigunansa an rabar, keken ya yi tsatsa, muryarsa ma ta fara ɓace mata in ta nema. Wannan taurin kan nasa kaɗai ya rage mata yana motsi a ɗakin, shi ma ga shi ta kashe da hannunta saboda fushin banza.

"Shi ke nan," ta ce. "Tashi ka koma shagonka. Ka gaida masu wayoyi."

Takwara bai tashi ba. Ya dubi silin, ya dubi ƙafafunsa, ya yi gyaran murya har sau biyu. Sa'an nan ya zaro walat daga aljihun baya, ya fito da wani farin kati, gefensa duk ya yi baƙi don shan hannu.

"In na nuna miki wani abu, ba za ki yi min surutu ba?"

"Zan yi. Mene ne?"

"A satin da aka yi rasuwa, ranar da kika ce in kwashe na'urar in kai ta inda ba za ki gan ta ba, na kwafe kan sojan a wayata. Na zuba a wannan katin. Yadda Tela ya bar shi, haka yake a nan, ko ƙwayar zarra ba ta canja ba."

Kaka ta dubi katin, ta dubi jikanta, ta sake duban katin.

"Zai shiga?"

"Sai an goge wancan dagulallen tukuna, sa'an nan in zuba wannan. Abin da ya koya a wajenki na shekara guda zai tafi."

"Me ya koya a wajena in ban da zagi? Zuba!"

Ya danna na hagun da kansa, Kaka ta kau da kai. Ya manna katin a bayan wayarsa, ya jira ta yi ƙara, ya cire katin, ya manna sojan a bayan wayar. Ana cikin jira ne idonta ya koma kan katin da ke kan gwiwarsa. Tsohuwar matar tela ce, ta san bambancin abin da aka adana da abin da ake mora.

"Takwara."

"Na'am."

"Katin da aka ajiye don tsaro, me ya cinye masa gefe haka?"

"Walat ce. Gumi."

"Gumin ne ya yi masa shatin babban yatsa a tsakiya?"

"Kaka, kada ki sa in motsa, aiki nake yi."

"Ɓarawo! Rana dubu ta ɓarawo, rana ɗaya ta mai kaya! Wato ka sace min miji ka kai shago kana wasa da shi a ɓoye, sa'an nan ka shigo nan kana ce min 'yar tsana? Laifi tudu ne, ka take naka ka hango na wani!"

"Gwaji nake yi! Sana'ata ce, dole in riƙa duba ko yana aiki."

"Sau nawa kake dubawa?"

"Jefi-jefi."

"Ka ji tsoron Allah."

"Kullum," ya ce a hankali. "In kasuwa ta lafa, na sauke labule."

Wayar ta yi ƙara. Ya miƙa mata sojan ba tare da ya yarda sun haɗa ido ba. Kaka ta ɗora shi a kan hannun gem, ta yi bisimilla. Talabijin ya yi haske, sai ga shi ya diro tsakiyar fili da garkuwarsa. Ta zaɓi tata, wata ƙatuwar mata mai guduma, ta afka masa da duka ta ko'ina. Sojan ya ɗaga garkuwa. Ya ja da baya taku ɗaya, ya ƙara ɗaya. Ta yi ta luguden guduma har yatsunta suka gaji, ta ɗan sassauta. Sara ɗaya ya yi, matar ta baje a ƙasa.

Kaka ta fashe da dariya, hawaye na bin kumatunta, ba ta ko share ba.

"Shi ne! Mugu, shi ne wallahi. Sannu da zuwa, mai taurin kai."

"To yanzu sai ki sake fizge shi."

"Rufe min baki." Ta jira har na'urar ta gama rubutunta, ta ƙara jira a kai, hannayenta biyu a cinya kamar 'yar makaranta. Sai ta juyo. "Tsakaninka da Allah, ka taɓa cinye shi?"

Takwara ya yi murmushi, ya girgiza kai. "Ko sau ɗaya."

"Ni ma haka. Shekara arba'in da takwas ke nan."

Ta miƙe da ƙyar, ta buɗe akwatin da ke ƙarƙashin gado, ta ciro wani hannun gem naɗe a cikin ƙyallen yadi. Madannin garkuwa ya lotsa, ya yi sumul. Takwara ya gane na Tela ne tun kafin ta gama warwarewa, ya karɓa da hannu biyu.

"Ungo, na ba ka, naka ne. Wayoyin mutane su jira. Matso nan mu haɗu masa mu biyu, kai ta gaba ni ta baya."

"Zai kayar da mu duka, Kaka."

"Na sani," ta ce, tana gyara zama. "Danna."