Watan Kwaɗi Ya Ƙi Mutuwa

A ƙasar Jiyau, ganin jinjirin wata bai isa a ce an shiga sabon wata ba. Su a wurinsu kowane wata da sautinsa. Akwai Watan Kwaɗi, akwai Watan Daka da turame ke amsa wa juna da sabon gero, har da Watan Shiru, wanda ko tari ya taso wa mutum sai ya ruga bayan gari. Wata ba ya mutuwa sai sautinsa ya ɗauke. Shi ya sa suka naɗa Sarkin Kunne. Duk sanda jinjirin wata ya tsaya, washegari da tsakar rana sai ya ja rawani ya rufe idonsa, ya bi lungu-lungu yana dogara sanda yana saurare. In ya ji tsohon sauti, to wata na nan da ransa, sai a jira wani jinjirin.

To a wannan gari ne wani manomi, Nomau, ya yi baƙo, wato Kawu Jatau, yayan mahaifiyarsa. Ranar da ya sauka ya jingine sandarsa ya ce, "Ba daɗewa zan yi ba, ɗan nan. Watan Kwaɗi na mutuwa zan kama hanya."

Nomau ya yi ta marhabin, don bai san irin cin kawun nasa ba. Mutum ne da in ya zauna gaban akushi ba ya ɗagowa sai ya ga gindinsa, sannan ya tambaya ko akwai 'yar fura da za a kora. Daga nan sai ya ja tabarma gindin katanga ya miƙe.

Ruwa ya ɗauke, kududdufai suka ƙafe har ƙasarsu ta tsattsage. Jinjirin wata ya tsaya, sai aka ji shela wai da sauran kwaɗi. Wani jinjirin ya sake tsayawa, aka sake wannan shela. Shi kuwa Nomau, hatsin rumbunsa da a da yake ɗiba daga tsaye, yanzu sai ya zura rabin jikinsa ciki kafin hannunsa ya taɓo zangarniya.

Da ranar zagayen Sarkin Kunne ta sake zuwa, Nomau na zaune a ƙofar gida ya rafka tagumi, sai ga Sarkin Kunne tafe yana lalube. Daidai katangar gidan ya ja ya tsaya, ya karkata kai. Daga ciki kuwa Kawu ya ci ya ƙoshi, yana ta jan munshari mai hawa da sauka, wani na kira wani na amsawa, kai ka ce fadama ce guda. Sarkin Kunne ya gyaɗa kai cike da gamsuwa. Nan Nomau ya gane wanda ya riƙe wa gari wata.

Ya zube a gabansa. "Ranka ya daɗe, wannan ba kwaɗo ba ne. Kawuna ne."

"Kawunka ne ke kuka haka?"

"Barci yake yi. Ɗaga rawanin ka leƙa ta kan katanga, ga shi can baki buɗe."

"In leƙa?" in ji Sarkin Kunne, ransa a ɓace. "Ni Sarkin Ido aka ce maka? Tun kakana ba a taɓa tambayarmu me muka gani ba. Na ji kwaɗi, kuma manya ne, masu lafiya." Ya dogara sandarsa ya yi gaba.

Nomau ya shiga gida ya durƙusa gefen tabarma, ya yi ta gyaran murya har Kawu ya buɗe ido ɗaya.

"An gama na yamma ne?"

"Kawu, ashe kai ne Watan Kwaɗi. Munsharinka Sarkin Kunne ke ji. Don Allah ranar zagaye mai zuwa ka ɗan je ƙauyen gaba ka yini, wata ya samu ya mutu."

"In tafi wata bai mutu ba? So kake a ce ɗan'uwan uwarka ba ya cika alkawari?"

"To ka haƙura da barcin rana, yini guda tak."

"Wanda ya ci tuwon gidan nan ai ba shi ke da ikon idonsa ba. Matarka ta iya miya, Allah ya yi mata albarka."

Nomau ya miƙe yana kaɗe gwiwa. "Shi ke nan, na gano maganin abin. Ranar zagaye ba za a ɗora tukunya a gidan nan ba. In ga yadda za a yi barci da yunwa."

Kawu ya shafa tumbinsa, ya juya ya gyara kwanciya.

"Ka dai yi tunani, ɗan nan. In ka bar cikin nan ya fara ƙugi, Watan Tsawa za a shiga, ni kuma ka sani ba na tafiya cikin hadari."