Tarwaɗar Bikin Bitrus

Ba zan taɓa mantawa da jajibirin bikin Bitrus ba, ko na yi niyyar mantawa ma matan ƙauyenmu Betso ba za su bar ni ba.

Bitrus ɗan Goggo Saratu ne, ƙanwar babana, shi kaɗai ya rage mata tun rasuwar mijinta. Da aka sa bikinsa ƙarshen shekara, damuwarta ɗaya ce: abin da za ta ɗora wa dangin amarya a kan shinkafa. A ƙauyenmu in baƙi suka ci abinci lami, har jikokinka sai an yi wa gori. Ni kuwa lokacin ina shagon cajin waya a Lokuwa, can cikin gari, na kalli bidiyon kiwon kifi har na fara jin kaina gwani (ban taɓa riƙe kifi mai rai ba, sai soyayye). Na ce mata ta kwantar da hankalinta, tarwaɗa za a ci a bikin nan har a bar saura.

Na sa aka haƙa rami a bayan gidanta, inda take shuka alayyahu da yakuwa, aka shimfiɗa leda aka cika shi da ruwa. Sayen 'ya'yan kifi kuwa na ce ɓarna ce, ga mayo, wato rafinmu, a gindinmu kyauta. Na ɗauki tsohon gidan sauro na gangara. A inda ruwan bai kai gwiwa ba, wurin da yashi ya haɗu da duwatsu, na gan su kwance a ƙasa. Ko ɗan yatsana ba su kai ba. Launinsu na yashin ne sak, da ɗigo-ɗigon baƙi a gefe, kai ɗan faffaɗa, idanu can sama kamar na kwaɗo. Ba sa yawo a tsakiyar ruwa, lafewa suke yi a kan dutse, in ka matso su zabura kaɗan su sake lafewa. Na ce shi ke nan, 'ya'yan tarwaɗa ne.

Goggo ta leƙa bokitin ta ce, "Ɗana, tarwaɗa ba tana da gashin baki ba?"

Na ce, "Goggo, wane jariri kika taɓa gani da gashin baki?"

Ta yi dariya ta yarda, don ta yarda da ni. Duk damina da kaka tana niƙa masarar da za ta ci tana watsa musu. Ruwan ya yi kore shar, ba a ganin ƙasa. In ta kira ni ta ce ba ta ganin motsi, sai in ce ai manyan kifi ƙasa suke zama (a bidiyo na ji wannan ma).

Ranar jajibiri matan zumunta suka iso daga coci da waƙa, yadda suka saba in za a yi girkin biki, kowace da wuƙarta da bahonta. Har da goggon amarya da ta zo daga Michika ganin shiri. Na naɗe wando na shiga ina kwashe ruwa, ina ta cewa a ja baya kada tarwaɗa ta soki wani. Ruwa ya sauka gwiwa, ya sauka idon sawu. Waƙar ta yi ta raguwa har ta mutu. Da taɓo ya bayyana sai ga su kwance yadda na kawo su, suna kallona.

Maimakon in rufe bakina, sai na ce, "Abinci ne bai ishe su ba, har yanzu yara ne."

Goggon amarya ta sunkuya ta ɗauki guda, ta ɗan matsa cikinsa, ƙwai ya fito a kan yatsanta. Ta ce, "Yaro? Yaro yana yin ƙwai? Wannan ai uwa ce, irinsu iyakar girmansu ke nan."

Wata ta fara dariya, da ta dubi Goggo Saratu sai ta haɗiye. Goggo tana zaune a kan kifaffen baho, ta zuba wa taɓon ido. Da ta zage ni da na samu sauƙi. Sai kawai ta ce a kira mahauci, a kamo akuyarta, ita ke nan gare ta kuma. Ni ta ce in kwashe kifin in mayar da su mayo, "su dai ba su yi wa kowa ƙarya ba."

Washegari aka yi biki, baƙi suka ci nama. Goggo da hannunta ta ɗora mini tsoka a kan shinkafata, ta tsaya a kaina har na haɗiye. Ban taɓa cin naman da ya yi mini ɗaci haka ba.

Har yanzu ina kallon bidiyo, ba zan ɓoye muku ba. Amma in gwaninta ta motsa mini, da abincin bakina nake gwada ta, ba da na gwauruwa ba.