Yadda Za Ka Dagargaza Wake Mai Yaji Ba Wanda Ya San Kai Ka Shiga Madafi

Ni ne Baballe na Lausu. In ba ka san ni ba, ƙuruciya ce, za ta wuce. Na ga farin da ya ƙarar da shanu, na ɗauki ƙasa a kwando lokacin aikin dam ɗin Tiga, mota ta kife da mu a hanyar Kibiya na fito da hulata a kaina. Kunama ta taɓa harbina a gona, da gari ya waye ita aka tsinta a mace. Ban taɓa zama a aji ba, kuma har yau ban ga abin da na rasa ba.

Don haka in na ce zan koya maka abu, gyara zama. Ka bi ni sannu a hankali, na yi maka alkawari za ka fitar da kwanon wake mai yaji wanda dattawa za su dangwala da gurasa har su suɗe yatsu, kuma babu mahaluƙin da zai san namiji ne ya dafa. Ni na gwada. Ba wanda ya gane.

1. Fara da cika baki

Ba a shiga wannan aiki da gangan, baki ne ke jefa mutum. A ƙofar gidanmu ciyayya muke yi: bayan magariba kowane magidanci ya fito da kwanon gidansa, a haɗa a tabarma a ci tare. Tun da aka kawo mini Fulera kwanon gidana bai taɓa fashi ba. Ko shekarar fari, da tafasa ce kawai a ciki, ya fito.

To bana aka yi mata aikin yanar ido a Kano. Likita ya ce ba hayaƙi, ba daka, ba sunkuyo, sai ido ya warke. 'Yarmu Nana Aisha ta zo daga Tarai ta riƙe mana tukunya, daga baya hidimar gidanta ta kira ta. Ran da ta tafi, Dalhatu, sa'ana kuma maƙwabcina da katanga ɗaya ta raba mu, ya dube ni a gaban mutane.

"Baballe, daga gobe ka riƙa zuwa da hannunka kawai. Mu ciyar da kai, lada muke nema."

Mai hankali zai ce ya gode. Kai kada ka soma. Karkata hula ka faɗi abin da na faɗa: "Fulera da ido a rufe ta fi matan unguwar nan da idanu a buɗe. Gobe za ku gani."

Shi ke nan, ka ɗaure kanka. Shiga gida ka gaya mata. Tawa ta gyara baƙin tabarau ta ce, "Malam, da wane hannun?" Amma ba ta ce a fasa ba. Kwanon nan nata ne kafin ya zama nawa, kuma na ga yadda ta juya kai wajen da yake kife.

2. Kada ka taɓa tuwo

Na gwada sau ɗaya. Muciya ta tsaya a tukunya kamar an dasa ta. Na zuba wa akuya, ta shinshina ta wuce.

Kada kuma ka yi dabarar juye abincin dubiya a kwanonka. Huseina matar Dalhatu kullum sai ta aiko mana da tuwo, Allah ya saka mata. Amma mutumin da ya tsufa yana shan miyar matarsa, ka kai masa ita a kwanon wani? Tun daga zaure zai gane ƙamshinta.

Wake za ka kama. Wake ba ya gudaji, kuma in ya dahu ya zarce, ka ce da ma haka ake so. Gurasa kuwa saye ake yi. Ɗana Nasir direba ne, Rano zuwa Kano, shi ke sauke mini ita. Ka ce masa kwaɗayi ne ya kama uwarsa. Yara ba sa tambaya a kan uwa.

3. Tsince tsakuwa da gaske

Haƙoran da suka rage a tabarmarmu, in an tara su ba za su cika bakin mutum ɗaya ba. Alhaji Shitu, babbanmu, turmi ɗaya ya rage masa, yana lallaɓa shi kamar ɗan auta. Kada ya zama a kwanonka ya rabu da shi.

Zuba waken a faifai ka tsince. In ka rantse babu saura, miƙa mata ta laluba da yatsu. Za ta fito da tsakuwa ta ajiye maka a tafin hannu, ta sake fito da wata. Kada ka ji haushi. Ni dai har yau ina zargin da su ta zo a haɓar zaninta.

4. Sa sakata, sannan wuta

Rufe ƙofar zaure tukun. Cire babbar riga, hayaƙi ɗan gulma ne, yana bin tufa har masallaci. Zaunar da ita can ƙarƙashin rumfa, inda iska ba ta kai mata.

In za ka hura wuta, ka tuna kana da gemu. Ni na manta. Washegari na ce hannun wanzami ne ya zame, aka yi ta zagin bawan Allah.

Ɗora wake da ruwa mai yawa, ka jefa kanwa don ya yi saurin laushi. Ita ta ce kamar ƙwayar gyaɗa. Ni da na ga fari ba na rowa, na jefa kamar ƙwan zabo. Tukunya ta yi kumfa ta biyo ni har bakin rijiya. Ka jefa kamar ƙwayar gyaɗa. Wannan shawarata ce, ba tata ba.

Daga nan hancinta ne zai riƙa yi maka aiki.

"Malam, ya kama."

"Bai kama ba, ina tsaye a kansa."

"Ya kama."

Ya kama. Kada ka kankare gindin, kwashe na sama ka bar na ƙasa da Allah. Ɗan ƙaurin da ya rage, manya ƙamshi suke ce masa.

5. Daka: nan mazaje ke faɗuwa

Zuba attaruhu a turmi, da barkono, da albasa, da daddawa, da 'yar citta da tafarnuwa. Kafin ka ɗaga taɓarya ka san abin da ba a gaya wa maza: kowace mace a unguwa an san sautin dakanta, kamar yadda ake sanin tarin mijinta. Ni ban sani ba. Na sauke ƙarfin mutumin da ya gina dam. Ban kai ko'ina ba sai muryar Huseina ta hauro katanga.

"Fulera, lafiya? Ba likita ya hana ki daka ba? Wannan kuma daka ne ko rusau?"

Fulera ko gezau. "Idon ne, Huseina. Ba na ganin tsakiyar turmin."

"Ayya. Allah ya ƙara sauƙi. A gaida Malam Baballe, in yana kusa."

"Ya fita."

Ina tsaye da taɓarya a sama, barkono na hawa mini hanci. Ka tanadi hula a kusa, a cikinta za ka yi atishawa, don atishawar namiji ba ta ɓuya.

Maganin kuwa ga shi. Fulera ta jawo ƙwarya ta kife a cinya, tana buga ta da yatsu a hankali, irin bugun dakanta, ni kuma ina bi da taɓarya. Biyu a jere, a ɗan huta, biyu a jere. Shekara da shekaru ina jin wannan sauti daga zaure ban taɓa sanin da hutu a tsakiyarsa ba. Cikin 'yan kwanaki na ƙware. Huseina ba ta sake magana ba, sai dai wani lokaci nakan ji dariya a bayan katanga. Mata ba sa rasa abin dariya.

6. Dagargaza, ka cika yaji

Zuba man gyaɗa a kasko ka soya abin da ka daka. Tsaya nesa. Mai ya fallatso mini a bayan hannun dama ya tashi bororo, ban ce uffan ba, sai dai kajin gidan ne suka watse.

Juye waken a kai, sa gishiri, ka bi shi da bayan ludayi kana murjewa har ƙwaya ta ɓace. Kaurin da ake so shi ne wanda gurasa za ta ɗauko ba ya zuba a riga.

In ka ɗanɗana ka ji da abin da bai yi ba, kada ka tsaya neman ko mene ne. Ƙara barkono. Wanda harshensa ke ci da wuta ba shi da lokacin binciken gishiri.

Sannan ka wanke hannu da sabulu kafin alwala. Ni na tafi magariba hawaye na bin gemun da ya rage. Liman ya riƙe hannuna bayan sallama ya ce Allah ya ba su irin zuciyata. Na ce amin.

7. Fito da kwano kamar ba kai ba

Mai da babbar riga, shafa turare. Ajiye kwanon a tsakiyar tabarma ka kau da kai, kamar ba ka san abin da ke ciki ba.

Dalhatu ya buɗe, ya leƙa. "Wannan kuma fa?"

"Sabon salo ne. A Kano ta gano shi."

"Da wane idon?"

"Ci ka bar surutu."

Ya yagi gurasa ya dangwala. Gumi ya tsattsafo masa, ya cire hula, ya sake dangwala. Alhaji Shitu ya ce rabonsa da abincin da bai nemi taimakon haƙori ba har ya manta. Kafin a taɓa tuwon kowa kwanona ya koma fes.

Matsala ɗaya: da dama ake ci, kuma a dama bororon yake. Na ga Dalhatu ya kalli hannun, ya kalli gemun, ya ci gaba da tauna. Washegari da aka watse ya tsayar da ni, ya zaro ɗan gwangwanin man kaɗanya daga aljihu.

"Huseina ta ce a kai wa mai girkin. A bayan hannun dama ake shafawa, safe da yamma."

Ka gani? Bai gane ba. Yana zaton Fulera ce ta ƙone. Na shafa kawai don kada man ya lalace.

8. In ido ya warke

Kwanon bai yi fashi ko dare ɗaya ba, har likita ya cire mata tabarau. Ran da tuwon Fulera da miyar kuka suka dawo tabarma, na miƙe ƙafa na ce na huta. Sai Alhaji Shitu ya buɗe kwano ya leƙa ciki.

"Ina waken nan?"

Dalhatu ya karɓe, fuskarsa ba alamar wasa. "Ka roƙar mana Fulera, Baballe. Ko ran Juma'a kawai. Ai ba za ta ƙi ka ba."

Na shiga na gaya mata. Ta yi dariya har sai da ta dafe sabon idon.

"Ni ban iya ba, Malam. Ban taɓa ganin yadda ake yi ba. Idona a rufe yake."

Saboda haka in ka biyo ta Lausu ran Juma'a da la'asar ka tarar da zaurena da sakata, kada ka ƙwanƙwasa. Barci nake. Dakan da kake ji na Fulera ne. Matan unguwa na zuwa tambayarta yadda ake yi, tana ce musu sai mai haƙuri.

Abin da ba ruwana da shi

Gemunka, ba ruwana. Fushin wanzami, ba ruwana. Abin da wake zai yi wa dattawa a sahun asuba, tsakaninsu da alwalarsu. In ka wayi gari Juma'arka ta zama ta turmi har ƙarshen rayuwa, bakinka ya jawo maka, ni hanya kawai na nuna. In kuwa kai ɗan Lausu ne, ba ka karanta komai ba, kuma kada ka kuskura ka gaya wa Dalhatu. Mutum ne mai sauƙin kai, bai san komai ba. Jiya ma ya sake kawo gwangwanin man kaɗanya, ya ce a ajiye wa Fulera saboda Juma'a.