Kalandarku Ta Raba Ni da Layin Baya

Zuwa ga Mai Girma Shugaban kamfanin da ke buga kalandar nan mai kalma guda kowace safiya,

Bayan gaisuwa da fatan injinanku na lafiya. Na daɗe ina jin raɗe-raɗin wai mawaƙan cocinmu na nan Minnesota na neman cire ni daga layin baya kafin Ista. Ban yarda ba. Tun ina da gashi nake tsayawa a wurin, baitocin da ban riƙe ba in cike su da "mmm", ba wanda ya taɓa ce mini kanzil. Mutanenmu ba sa faɗa wa mutum laifinsa, sai dai su ƙara masa kofi.

Sai Kirsimeti ta zo, aka ba kowa kyautar kalandarku. Ga kokena.

Na farko, ranka ya daɗe, wa ya roƙe ku kalmar "bombinate"? Kun rubuta wai ma'anarta yin ƙugi irin na ƙudan zuma. Da can abin da nake yi ba shi da suna, don haka ba a iya kawo shi gaban kwamitin coci. Yanzu yana da suna, har ya shiga ajanda.

Na biyu, me ya kai ku tono asalinta? Kun ce daga Latin take, "bombinare", ita kuma daga "bombus". Da kalmar kan titi ce, da Madam Solberg, shugabar mawaƙanmu, ta ji kunyar furta ta. Amma zagi in ya zo da rigar Romawa, har a gaban fasto ana iya yinsa. Ranar Lahadi ta dube ni da murmushi ta ce, "Arlo, kai dai Allah ya yi maka baiwar da ke cikin kalanda." Abokina Merle ya daki kafaɗata ya ce, "Tsoho, in zuma ta fito, a tuna da maƙwabta."

Na uku, shin ba ku da kalmar Latin ga mace mai tsallake kowa da murya a baiti na ƙarshe? A duba mana, a sa ta cikin Maris.

Ina roƙon alfarma ku janye shafin nan kafin kwamiti ya zauna ranar Laraba.

Naka mai biyayya, da baki a rufe,
Arlo Tveit

Af, raɗe-raɗin ya tabbata. Wadda ta faɗa mini a ƙarshe matata ce, Berdine, kuma ta ce ita ta kai maganar gaban kwamiti.